Waƙa a Bakin Mai Ita: Labarin Umaru Ganda

Hausawa sun ce waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi. Akwai wani mutum wanda rayuwarsa ta zama kamar fassarar wannan karin magana. Sunansa Umaru Ganda, Faransawa kuwa suna rubuta shi Oumarou Ganda. Bazabarme ne na Yamai, Musulmi kuma. Amma hanyar da ya bi ita ce wadda dubban samarin ƙasar Hausa suka bi, suna kuma kan binta har wa yau, 'ya'yan masallaci da 'ya'yan ikkilisiya duka, watau daga gida zuwa bakin teku neman abin rufin asiri. Ya fara da dakon buhuna a tashar jiragen ruwa ta Abijan, ya ƙare yana ɗaya daga cikin manyan masu shirya fim na Afirka. Tsakanin farkon nan da ƙarshen nan akwai shekarun da ya yi yana amsa sunan aro, wani kuma yana riƙe da labarinsa. Yadda ya karɓi sunansa da labarinsa a hannunsa, shi ne abin da ya kamata mai karatu ya duba.

Sai an san Abijan ta wancan zamani kafin a gane mutumin. Cikin shekara ta 1950 Faransawa suka gama haƙa mashigin ruwa na Vridi, wanda ya haɗa teku da babban tafkin Ebrié, a 1951 kuwa aka buɗe tashar jiragen ruwa. Daga nan gari ya fara kumbura kamar ƙullun da aka sa wa yisti. Kofi da koko da gumagumai na katako suna fita, kayan Turai suna shigowa, kowane buhu kuwa yana bukatar wanda zai ɗauke shi. Garin ya kasu uku. A tsakiya akwai Plateau, unguwar Turawa da ofisoshi da manyan kantuna. Daga arewa akwai Adjamé, wadda har yau ita ce ƙofar gari ga mai zuwa daga arewa, da babbar kasuwarta da tashoshin motocinta. Daga kudu, ƙetaren ruwa, akwai Treichville, kusa da tashar jiragen ruwa, wadda aka sa mata sunan wani Bafaranshe, Marcel Treich-Laplène. Adjamé da Treichville su ne unguwannin baƙar fata. Baƙo yakan sauka da ƙurar hanya a jikinsa, ya nemi ɗan garinsu da zai ba shi gefen tabarma, da asuba ya fita neman aikin yini. Akwai jirgin ƙasa da aka yi wa suna Abijan-Nijar, amma bai taɓa kaiwa Nijar ba. A 1954 ya isa Wagadugu, sauran hanya kuwa sai mota da ƙafa.

An haifi Umaru a Yamai a 1935. Ya yi makarantar firamare, karatunsa na aji kuwa a nan ya tsaya. Yana ɗan shekara 16 ya shiga sojan Faransa, aka kai shi yaƙin Indochina, can gabashin Asiya, yankin da ƙasar Biyetnam take ciki a yau. An tura shi ya hana waɗansu mutane 'yancin da shi kansa ba shi da shi a gida. A 1954 Faransa ta sha kashi a Dien Bien Phu, ta tattara kayanta ta fita. Umaru ya komo Nijar da ransa, amma bai sami aiki ba. Sai ya yi abin da tsararrakinsa suke yi, ya nufi ƙasar Kodebuwa. Wanda ya riƙe bindiga a Asiya ya zama lebura a tashar Abijan, yau a ɗauke shi, gobe a ce babu.

A can ya sadu da wani Bafaranshe mai suna Jean Rouch. Shi Rouch ya fara zuwa Nijar a 1941 yana injiniyan gina hanyoyi, daga baya ya bar wannan ya koma nazarin al'adun mutanen bakin kogin Kwara, yana yawo da ƙaramar kyamara a hannu. Irin fim ɗin da yake yi shi ne wanda ake ɗaukar mutane cikin zamansu na yau da kullum, ba a ɗakin wasa ba. A lokacin yana binciken yadda samarin Nijar suke kwarara zuwa bakin teku, sai ya ɗauki Umaru cikin masu taya shi tambayar 'yan cirani da ƙidaya su. Daga wannan aiki aka zo ga shawarar a yi fim a kan zaman samarin a Treichville, su da kansu su fito a ciki. An ɗauka a 1957, ya fito a 1958 da suna Moi, un Noir, watau "Ni, Baƙin Mutum".

Abu na farko da mai kallo zai lura da shi a fim ɗin shi ne sunaye. Samarin nan suna kashe ɗan abin da suka samu a gidajen silima na Treichville, inda ake nuna finafinan Amurka da na Faransa, suna kuma fitowa da sunayen jaruman da suka gani. Umaru shi ne Edward G. Robinson. Abokinsa mai tallan yadi shi ne Eddie Constantine. Direban tasi kuma ɗan dambe shi ne Tarzan. Yarinyar da Umaru yake so ita ce Dorothy Lamour. Kada mai karatu ya yi saurin yi musu dariya. Mutumin da ya wuni ana kiransa "kai, lebura", wanda ba a tambayi sunansa a wurin aiki ba sai dai a ba shi lamba, da yamma yana bukatar wani suna da zai tsaya a kansa. Sunan da uwarsa ta sani ya bar shi a gida tare da alkawarin zai komo da arziki, yana kuwa jin kunyar amsa shi da aljihu wofi. Sunan aro ba ya tambayarsa ina alkawari.

Kyamarar Rouch irin wadda ake ɗaure wa wani ce kamar agogo, ba ta kai rabin minti tana ɗauka sai an sāke ɗaurawa, ba ta kuma ɗaukar murya. Saboda haka bayan an harhaɗa hotunan aka zaunar da Umaru, aka nuna masa su, aka ce ya yi magana yadda ya ga dama. Ya yi ta magana da Faransancin titi, yana gunaguni, yana ba'a, yana mafarki da ƙarfi. Wannan murya ita ce ran fim ɗin. Ana ganinsa yana ƙetare ruwa zuwa neman aiki, yana ɗaukar buhuna, yana kwanciya a gefen hanya da tsakar rana. Ranar Asabar yana bakin teku da wurin dambe, yana ganin kansa zakaran duniya. Ranar Lahadi shi ya tafi masallaci, Eddie Constantine kuwa ya nufi coci, ba domin addu'a ba, domin kallon 'yammata. Da dare wani ma'aikacin jirgin ruwa ɗan Italiya ya tafi da Dorothy Lamour, gama yana da kuɗi, da gari ya waye suka yi faɗa, Umaru ya sha duka. Eddie Constantine kuwa ya yi rigima da ɗan sanda, aka ɗaure shi wata 3. A ƙarshe Umaru yana tafiya a bakin ruwa tare da wani yaro, yana ba shi labarin Indochina, yana nuna yadda ake jefa gurneti, yadda ake kwanciya a ƙasa, yadda abokai suke mutuwa a gefen mutum, da yadda bayan duk wannan bai tsira da kome ba. Bisa ga abin da fim ɗin ya faɗa, ubansa ya kore shi daga gida domin an ci su da yaƙi.

Fim ɗin ya yi suna ƙwarai a Faransa. Ya ci kyautar Louis Delluc ta 1958, matasan masu shirya fim na can, irin su Jean-Luc Godard, suka yaba shi suka koyi abubuwa daga gare shi. Gaskiya a faɗe ta, Rouch ya yi abin da kaɗan ne suka yi kafinsa. A zamanin da aka saba nuna baƙin mutum yana rawa ko yana ɗauke da kayan Bature, wani kuma yana bayani a kansa, shi ya ba ɗan dako dama ya buɗe baki. Duk da haka sunan da ke kan fim ɗin na Rouch ne, kyautar tasa ce, shi ne kuma ya zaɓi abin da za a bari da abin da za a yanke. A 1965 Usman Sembène na Senegal, wanda shi ma ya yi dako a tashar jiragen ruwa ta Marseille kafin ya zama marubuci da mai shirya fim, ya gaya wa Rouch ido da ido cewa masana irinsa suna kallon 'yan Afirka kamar yadda ake kallon ƙwari. Magana ce mai zafi, ba kuwa kowa ya yarda da ita ba. Amma ta taɓa wani abu na gaskiya. Baƙo mai kirki zai iya duba ɗaki da kyau, sai dai mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Umaru ya komo Yamai, da shawarar Rouch kansa. Ya kama aiki a cibiyar al'adu ta Faransa da Nijar, inda akwai ƙungiyar masu sha'awar fim. A can ya koyi riƙon kyamara, da ɗaukar murya, da haɗa hotuna, yana mataimaki, yana kallon hannun waɗanda suka iya. Shekara wajen 10 ta wuce tsakanin fim ɗin Treichville da nasa na farko. Wannan jira wani ɓangare ne na labarin da samari ba su cika son ji ba. Mutumin da aka tafa wa a Faransa ya koma ɗaukar wayoyi da fitilu a bayan wasu har ya ƙware. A 1968 aka yi gasar rubuta labarin fim a cibiyar, ya rubuta nasa, daga nan aka sami Cabascabo.

Fim ne gajere, minti 45, baƙi da fari, da harshen Zabarmanci, Umaru kuma shi ne ya fito a matsayin Cabascabo. Tsohon soja ya komo daga Indochina da kuɗin sallama. Abokai suka kewaye shi, maroƙa suka wasa shi, mata suka yi masa fara'a, shi kuwa yana rabo da hannu biyu. Da kuɗi suka ƙare, taro ya watse. Ya nemi aiki, ƙofofi suka rufe, girman kai na soja kuma bai bar shi ya zauna lafiya cikin lebura ba. Daga ƙarshe ya ɗauki gatari ya nufi karkara domin ya ci daga guminsa. Labarin yaƙin da ya ba yaro a bakin ruwan Treichville cikin 'yan mintoci, ga shi yanzu ya shimfiɗa shi da tsarinsa, da harshen uwarsa, da sunansa a rubuce. Abin lura kuwa shi ne, da dama ta zo hannunsa bai mai da kansa jarumi ba. A fim ɗin Rouch yana mafarkin zama zakaran dambe. A nasa fim ɗin ya nuna wawancin mutum irinsa, da yadda aka cuce shi, da yadda shi ma ya cuci kansa.

Kirista da ya ji wannan labari zai tuna da misalin ɗan nan da ya ɓatar da gādonsa, cikin Bishara ta hannun Luka sura 15. Dukiya, abokan ci, talauci, dawowa cikin hankali, duk suna nan. Abu ɗaya ne babu, watau uban da ya hango ɗansa daga nesa ya sheƙa a guje ya rungume shi. Cabascabo ya komo cikin hankalinsa, amma ba wanda ya fito tarye shi. Umaru ya faɗi abin da ya gani a duniya, bai ƙara gishiri ba. Sauran rabin labarin a hannun ikkilisiya yake, idan ta yarda ta yi shi da ƙafafunta.

Cabascabo ya je bikin finafinai na Cannes a 1969, ya kuma sami lambar yabo a Mosko a wannan shekara. Fim ɗinsa na biyu, Le Wazzou polygame, a kan wani mai arziki ne da ya ɗauki mata ta uku, yarinyar da aka riga aka yi wa wani saurayi alkawari, abin kuma ya ƙare da zub da jini. A 1972 wannan fim ya ci babbar kyautar bikin FESPACO na Wagadugu, wadda ake kira Étalon de Yennenga, shi ne kuwa na farko da aka taɓa ba ta. Bayansa ya yi Saïtane, a kan mai cin amanar addini saboda kuɗi. A duka biyun mutanen gidansa yake yi wa faɗa, daga ciki, da ikon ɗan gida. Kirista bai kamata ya ɗauki wannan ya yi wa maƙwabcinsa gori ba, gama cin amana da sunan Allah ba shi da ƙofa ɗaya. Abin tambaya shi ne ko ikkilisiya tana da 'ya'yan da za su faɗa mata irin wannan gaskiya, ta kuma jure ji. Fim ɗinsa na ƙarshe, L'Exilé, ya fito a 1980, an gina shi a kan tatsuniya, jigonsa kuwa nauyin alkawari, cewa magana zarar bunu ce. Ran 1 ga Janairu 1981 Umaru ya rasu da ciwon zuciya, bai kai shekara 50 ba. A Yamai akwai babbar cibiyar al'adu mai sunansa, a FESPACO kuma akwai kyautar Oumarou Ganda da ake ba wanda ya yi fice da dogon fim ɗinsa na farko. Rouch ya daɗe bayansa. A watan Fabrairu 2004 ya mutu cikin haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni, aka binne shi a Yamai.

Me wannan ya ce wa ikkilisiya?

Da farko akwai maganar samarin da ke bakin teku. A Abijan akwai abincin da kowa ya sani, acheke na rogo da soyayyen kifi da barkono, ana kiransa garba, domin yawancin masu sayar da shi 'yan Nijar ne, Garba kuwa suna ne da ya yawaita a cikinsu. Gari guda yana kiran sunan nan kowace rana, amma mutum nawa ne ya san daga wane ƙauye mai miƙo masa kwanon ya fito, ko shekara nawa rabonsa da ganin uwarsa? Cikin irin waɗannan baƙi akwai 'ya'yan Kirista, waɗanda suka yi makarantar Lahadi, suka rera waƙa a ƙungiyar matasa. Sunayen aro na yau ba daga silima kaɗai suke fitowa ba. Saurayi yakan tsaya jikin motar wani, da rigar wani, ya ɗauki hoto da wayar hannu ya aika gida, ƙannensa su gani su fara shirin tafiya. Kayan aro kuwa ba ya rufe katara. Littafin Farawa ya ba da labarin Yakubu, wanda ya sa tufafin wansa, ya amsa sunan Isuwa domin ya karɓi albarka, daga nan ya yi shekara 20 a baƙunci. A hanyarsa ta komowa, a mashigin Yabbok, wanda ya yi kokawa da shi dukan dare sai da ya tambaye shi sunansa. Da ya faɗi na gaskiya, sa'an nan aka ba shi sabo. Saurayin da ke Adjamé ko Treichville yana bukatar wurin da zai iya cewa, "Ban samu ba, ina jin kunyar komawa," ba tare da an mai da shi abin misali a wa'azi ba. Idan iyaye da dattawa suna tambayar abin da ya kawo tun bai sha ruwa ba, su ne suke koya masa ƙarya.

Na biyu, saurayin nan da ya je coci domin kallon 'yammata. Da sauƙi a tsine masa. Amma ƙafarsa ta kawo shi ƙofar, ko da wace niyya. Irinsa suna nan kowace Lahadi a bayan benci na ƙarshe, a manyan garuruwa, baƙi ne, ba wanda ya san su. Dattijon da zai tashi bayan sujada ya ce, "Ɗana, wane ne sunanka, ɗan wane gari ne kai, ina kake kwana?" ya yi aikin bishara, ko da bai buɗe littafi ba tukuna.

Na uku ya shafi labarin ikkilisiya kanta. Masu bishara da suka zo daga ƙetare sun ɗauki hotuna masu yawa, na marasa lafiya a asibitocin mishan, na yara a aji, na masu baftisma a rafi. An nuna su a ƙasashensu, aka tara gudunmawa, aka kuwa yi aikin alheri da ita. Ba za a manta da wannan ba. Amma sau da yawa ƙarƙashin hoton babu sunan mutumin. Wane ne tsohon nan da ya fara karɓar bangaskiya a ƙauyensa, aka ƙwace masa gona, aka mai da matarsa gidansu? Wace ce matar da ta koya wa mata karatu a ƙarƙashin tsamiya? Wane ne tafintan da ya yi tafiya a ƙafa gaban dokin Bature? Waɗanda suka san amsa suna ƙarewa ɗaya ɗaya. A zamanin Umaru sai an sami kyamara mai tsada, a aika da fim Turai a wanke, a jira watanni. Yau abin ɗaukar hoto da murya yana aljihun kusan kowane ɗan ƙungiyar matasa. Uzuri ya ƙare. A zauna gaban tsofaffi, a tambaye su, a bar su su yi magana da harshensu, a rubuta sunayensu cikakku. A kuma ɗauki darasin Cabascabo, kada a share wuraren kunya. Rabuwar kai da aka yi, da wanda ya ja da baya sa'an nan ya komo, da kuskuren shugabanni, duk cikin shaida suke. Littafi Mai Tsarki bai ɓoye musun Bitrus ba.

Umaru Ganda bai wuce firamare ba. Wannan ya isa ƙarfafawa ga malamin ikkilisiya na ƙauye, da matar zumunta, da ɗan ciranin da yake ganin labarinsa bai isa a ji ba. Mutanen da suka san Edward G. Robinson na Treichville kaɗan ne suka rage, amma yaran Yamai suna kiran sunan Umaru Ganda kullum, ko da kwatancen hanya suke yi. Ubangiji ya ba 'ya'yan ikkilisiya da ke baƙunci ƙarfin zuciya su amsa sunayensu na gaskiya, ya kuma ba waɗanda ke gida kunnen ji da ƙafar fita tarye.